Tuhumar 1906 a Damagaram: Nazarin Yadda Aka Tuɓe Sarki Amadu Ɗan Bassa

A ƙarshen watan Maris na 1906 sojojin Faransa da ke barikin Zinder suka kama Sarkin Damagaram Amadu ɗan Bassa. Tare da shi aka kama wasu manyan fada, da attajirin nan Malam Yaro wanda fataucinsa ke kaiwa har Tarabulus, da Ali Diallo, tafintan da nasarun ke magana da gari ta bakinsa. Tuhumar ita ce sun ƙulla za su far wa Faransawan da ke garin su hallaka su. Harin bai auku ba, ba a taɓa lafiyar nasara ko ɗaya ba. Duk da haka aka tuɓe sarki, aka kai shi Kwaddibuwa tare da wasu daga cikin waɗanda aka kama, aka ɗage sarautar kanta, aka danƙa gari a hannun Bellama, wani bawan fada da aka dandaƙe. Damagaram ba ta sake ganin sarki a kan gado ba sai 1923.

Masana tarihi sun daɗe suna ja-in-ja a kan ko an ƙulla maƙarƙashiyar da gaske ko ƙirƙira ce. Mai nazarin shari'a yana da tambayar da ta riga wannan: wa ya yi ƙara, wa ya yi bincike, wa ya yanke, wa ya ci moriyar abin da aka yanke? A wannan lamari amsoshin suna komawa wuri ɗaya ko biyu, kuma shi ya sa har yau aka kasa rabe gaskiya da ƙarya a cikinsa.

Yadda ɗan Bassa ya hau gado

Ba a fahimtar 1906 sai an koma baya shekara takwas. Kyaftin Cazemajou na sojan Faransa ya iso Zinder a watan Afrilun 1898 da niyyar wucewa wurin Rabe, wanda ya ci Barno tun 1893. Babu abin da fadar Amadu Kuran Daga ke tsoro a lokacin kamar Rabe, don haka baƙon da ke neman hanyar ƙulla zumunci da shi ba ƙaramin abin damuwa ba ne. Ran 5 ga Mayu aka kashe kyaftin ɗin da tafintansa Olive. Ba na wanke wannan kisa. Mutum ne da aka tarba aka ba shi masauki, kuma a fiƙihun Malikiyya da alƙalan Birni, tsohon garin Zinder mai ganuwa, ke hukunci da shi, wanda aka bai wa amana jininsa ya haramta har ya bar ƙasa. Tsoron Rabe yana bayyana dalilin kisan, ba ya halatta shi.

Shekarar da ta biyo, rundunar Faransa ƙarƙashin Voulet da Chanoine ta taso daga bakin kogin Kwara ta nufo gabas. Abin da ta yi a hanya sananne ne daga Sansane Hausa zuwa Lugu zuwa Birnin Ƙonni: garuruwa da aka ƙone, mutane da aka rataye, mata da yara da aka kora a gaba kamar ganima. Waɗanda suka mutu sun kai dubbai. Da labari ya isa Faris aka turo Kanar Klobb ya karɓe jagoranci, Voulet ya sa aka harbe shi ran 14 ga Yuli 1899 a Dankori, kusa da Tasawa. Cikin kwana uku sojojinsu suka kashe Chanoine sannan Voulet, kaburburansu suna Maijirgi. Sauran hafsoshin, Pallier da Joalland da Meynier, suka ci gaba da ita dai wannan rundunar. Ita ce ta kara da dakarun Damagaram a Tirmini ran 30 ga Yuli, ta shiga Zinder. A watan Satumba aka cim ma Kuran Daga a Rumji aka kashe shi. Aka naɗa ƙanensa Amadu ɗan Bassa, matashi, aka gina bariki a kan duwatsu aka sa masa sunan Cazemajou, wanda bayan 'yanci ya koma sunan Tanimun.

A nan ake ganin yadda aka rufe littafin yaƙin. Kisan mutum biyu, an biya shi da ran sarki da ƙasarsa, ba tare da an zaunar da kowa an tambaye shi ba. Kisan dubbai kuwa, wani ɗan majalisa mai suna Vigné d'Octon ya nemi majalisar dokokin Faransa ta kafa kwamitin bincike a 1900, aka ƙi. Binciken ma'aikatar mulkin mallaka aka rufe shi a 1902, aka jingina komai ga matattu biyu da aka ce zafin ƙasar Sudan ta Faransa ya taɓa musu ƙwaƙwalwa. Abin da ya tayar da hankalin Faris ma jinin Klobb ne, ba na mutanen Ƙonni ba. Joalland da Meynier dukansu sun kai muƙamin janar. Hafsan da ya zo aiki Zinder bayan haka ya san abu biyu ba tare da an rubuta masa ba: in nasara ya mutu a hannunsa zai amsa tambaya, in ya wuce gona da iri a kan 'yan ƙasa da wuya a tambaye shi.

Shekara bakwai na zaman doya da manja

Sarautar da ɗan Bassa ya gada ba ta kakanninsa ba ce, ba kuma ta mahaifinsa Tanimun ba, wanda ya zagaye Birni da ganuwa ya sa aka ƙera masa igwa a gida. Haraji sarki ke tarawa, amma bariki ake kaiwa. Gero da raƙuma da 'yan dako, bariki ke faɗin adadi, fada ta nemo. Yaƙi da samame, waɗanda su ne hanyar da sarki ke samun abin da zai raba wa sarakunan yaƙi da bayinsa, an rufe su. A watan Disamban 1905 aka fitar da dokar hana cinikin bayi a duk Afirka ta Yamma ta Faransa. Kano ta faɗa hannun Ingilishi a 1903, iyaka ta ratsa tsakanin garuruwan da suka saba aika wa juna wasiƙa da ayari. Talaka yana ganin sarki a matsayin mai karɓa, bariki yana ganinsa a matsayin mai ɓoyewa.

A irin wannan zama, ƙarfi yana komawa hannun wanda ke da ƙofa biyu. Tafinta yana da su: shi ke shigar da maganar gari bariki, shi ke fito da umarnin bariki gari, kuma babu mai iya duba abin da ya ƙara ko ya rage. Malam Yaro yana da su: ya yi hulɗa da Faransawa tun zuwansu, ya samo musu kaya, ya ba su rance, kuma yana da wakilai daga Zango, unguwar fataken Zinder, har bakin tekun arewa. Bellama ma yana da su, domin bawan da ke shiga har cikin gidan sarki ya san abin da hakimi bai sani ba. Mutanen da ke takara a kan kunnen kwamanda ɗaya ba sa zama lafiya da juna. Duk wanda zai karanta takardun 1906 ya kamata ya riƙe wannan a zuciya tun kafin ya buɗe shafin farko.

Sai kuma tsoro. A ƙarshen 1905 da farkon 1906 aka yi tawayen Kobkitanda a ƙasar Dosso, ƙarƙashin wani malami makaho, aka kashe hafsan Faransa. Garin Karma ma ya tashi a bakin kogin Kwara. Malamin ya tsallaka iyaka ya shiga Satiru kusa da Sakkwato, inda ran 14 ga Fabrairu 1906 talakawa da gatura da fartanya suka karya rundunar Ingilishi, suka kashe Turawa uku da sojoji fiye da ashirin. Ran 10 ga Maris aka koma aka share garin, aka kashe mutane wajen 2,000. Wannan labari ya iso Zinder da ɗuminsa, ya tarar da tsirarun nasaru a kan dutse, nesa da kowane agaji, suna kallon gari mai ganuwa da ba su jin harshensa. Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya zabura. Bai fi mako uku ba tsakanin rushe Satiru da kama ɗan Bassa. A wannan yanayi ne aka kai wa kwamanda labarin cewa fada na shirin yanka su, kuma sunan da ya fi fitowa cikin masu kai labarin shi ne na Bellama.

Dokar da aka yi aiki da ita

Kada a ɗauka babu doka. Akwai, a rubuce, da lamba da kwanan wata, kuma nan ne lamarin ya fi ba da darasi ga ɗalibin shari'a. Mutanen Damagaram ba 'yan ƙasar Faransa ba ne a idon doka, talakawanta ne, kuma an tanadar musu hanyoyi uku.

Ta farko ita ce hukuncin ladabtarwa na tsarin andijena, wanda ya samo tushe daga dokar 30 ga Satumba 1887: kwamanda na iya jefa mutum kaso har kwana 15 ya ci shi tarar faran 100, ba ƙara, ba shaida, ba ɗaukaka ƙara. Ta biyu kotunan 'yan ƙasa ne da dokar 10 ga Nuwamba 1903 ta tsara, na ƙauye da na lardi da na sarkal, wato yankin da kwamanda ke riƙe da shi. Manyan laifuka kotun sarkal ke ji, kuma shugabanta kwamandan ne da kansa, da mataimaka biyu 'yan ƙasa a gefensa. Lauya ba ya tsayawa. Hukuncin da ya haura shekara biyar ne ake aikawa Dakar, mazaunin gwamna janar, a duba, a kan takardar da shi kwamandan ya rubuta. Ta uku, wadda aka yi domin irin su ɗan Bassa, ita ce dokar 21 ga Nuwamba 1904. Ta ba gwamna janar ikon tsare mutum a inda ya ga dama har shekara goma, da riƙe dukiyarsa, da ɗora wa gari tara ta bai ɗaya, in an ce an yi tawaye ko an tayar da fitinar siyasa ko an yi wani shiri da zai taɓa zaman lafiya. Wannan ba hukuncin kotu ba ne, matakin mulki ne. Ba a buƙatar a tabbatar da laifi, ya isa a ce mutumin haɗari ne.

Ta kowace ƙofa aka shiga, teburi ɗaya ake tararwa. Wanda aka ce za a kashe shi ne ya yi kamun, shi ya yi tambaya, shi ya rubuta rahoto, kuma a kan rahotonsa na sama da shi suka sa hannu daga nisan tafiyar watanni. Tuɓe sarki kuwa ko sunan shari'a bai samu ba: wanda ya naɗa ne ya cire.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne Faransa ta san abin da ya fi wannan, kuma tana aiki da shi a gida. Kundin bin diddigin laifuka na 1808 ya raba mai gabatar da ƙara da alƙalin bincike da alƙalin hukunci, don kada hannu ɗaya ya haɗa su. Dokar 8 ga Disamba 1897 ta ba wanda ake tuhuma damar samun lauya tun a matakin bincike. Kundin hukunta laifuka ya fayyace abin da ake kira maƙarƙashiya: sai mutum biyu ko fiye sun daidaita, sun tsayar da shawarar aikatawa. Gunaguni bai isa ba, fatan Allah ya kawar da azzalumi bai isa ba. Kuma a wannan shekara ta 1906, ran 12 ga Yuli, kotun ƙolin Faransa ta wanke Kyaftin Dreyfus, wanda aka ɗaure tun 1894 bisa zargin cin amanar ƙasa, aka kai shi tsibiri mai nisa, da takardun da daga baya aka gane wasu jabu ne. Ƙasar ta shafe shekara goma sha biyu tana koyon haɗarin barin soja su yi wa wanda suke zargi shari'a a ɓoye. Wata uku da 'yan kwanaki kafin ta kammala koyon, hafsoshinta suna yin irinsa a Zinder da izinin doka.

Hujja da hanyar da ta biyo

A tuhumar da ba a aikata komai ba, hujja magana ce kawai: wane ya ce wane ya ce. Saboda haka darajarta tana rataye ga bakin da ta fito da hanyar da ta bi kafin ta hau takarda.

Mu fara da bakin. Mai fallasa ya zama mai riƙon gari bayan an kawar da wanda ya fallasa. Wannan kaɗai bai nuna ya yi ƙarya ba, mai son abu yana iya faɗin gaskiya. Amma babu tsarin shari'a mai mutunci da zai gina hukunci a kan maganarsa ba tare da wani abu daga waje ya ƙarfafa ta ba. Alƙalin Birni da ke zaune a zaurensa da littattafan Malikiyya ya san wannan sarai: hujja tana kan mai da'awa, ba a karɓar shaidar maƙiyi a kan maƙiyinsa, ba a karɓar shaidar wanda zai jawo wa kansa amfani da ita, kuma asalin hukunci shi ne iƙirarin wanda aka tilasta ba ya ɗaure shi. Ba sai an je Faris ba kafin a ga raunin tuhumar. Ma'aunin da ke cikin garin ma ya isa.

Sai hanyar. Fada tana magana da Hausa da Barbarci, wasiƙunta da Larabci ake rubutawa, sojojin bariki galibinsu Bambaranci suke ji, rahoto da Faransanci ake yi. Kowace kalma da ke cikin fayil ta ratsa aƙalla baki ɗaya da ba na mai ita ba. A lamarin da tafintan bariki yana cikin waɗanda aka kama, mutumin da ya saba riƙe wannan gada an cire shi daga kanta a daidai lokacin da aka fi bukatarta, kuma duk wanda ya maye gurbinsa ya san wace fassara ce za ta faranta wa kwamanda rai. Mutumin da ke tsare a bariki, yana ganin an kama sarkinsa, in aka tambaye shi ko ya ji ana wata magana a fada, amsar da za ta fitar da shi a bayyane take.

Haka batun hulɗa da sarakunan ƙetaren iyaka. Sarkin Damagaram da ke musayar manzanni da Kano ko Haɗeja ko Barno yana yin abin da kowane sarki kafin shi ya yi: bin sawun bawan da ya gudu, neman haƙƙin fatake, gaisuwar sallah, ta'aziyya. Iyakar da ta mayar da wannan abin zargi ba ta ma gama tsayawa ba, sai ran 29 ga Mayu 1906 Faransa da Ingila suka sa hannu a kan yarjejeniyar da aka bi aka dasa alamu a shekarun da suka biyo. Idon da ya riga ya tsorata yana karanta gaisuwa a matsayin kiran jihadi.

Karatu biyu, da abin da kowanne ke tsallakewa

Marigayi André Salifou, ɗan Zinder da jami'ar garin ke ɗauke da sunansa, ya karanta lamarin a matsayin yunƙuri na gaske da bai kai gaci ba, wani babi na turjiyar Damagaram. Wasu masana, ciki har da Camille Lefebvre da ta bi takardun zamanin a 'yan shekarun nan, sun fi ganin tuhuma ce da kishin cikin fada da firgicin bariki suka haifa. Na fahimci dalilin da ya sa karatu na farko ya fi daɗi a kunnen ɗan Damagaram. Ya fi kyau a ce kakanka ya yi shirin korar mai mamaya aka ci amanarsa, da a ce an yi masa ƙazafi ya tafi bai san hawa ba bai san sauka ba.

Ta fuskar shari'a, kowanne aka ɗauka Faransa ba ta fita. In ba a ƙulla komai ba, an kori marasa laifi daga ƙasarsu. In an ƙulla, to wane laifi ne? Cin amana yana bukatar amanar da aka ɗauka da yarda, ɗan Bassa kuwa bakin bindiga ne ya ɗora shi a gadon ɗan'uwansa da aka kashe. A makon da aka yi yaƙin Tirmini, ran 29 ga Yuli 1899, Faransa ta sa hannu a birnin Heg a kan yarjejeniyar dokokin yaƙi. Cikinta an hana tilasta wa mutanen ƙasar da aka mamaye su yi mubaya'a ga mai mamaya, an kuma hana hukunta jama'a gaba ɗaya saboda aikin ɗaiɗaiku. Yarjejeniyar ta ɗaure waɗanda suka sa hannu ne a tsakaninsu kawai, ba a lissafa Damagaram cikin masu wannan haƙƙi ba. Wato an san ƙa'idar, an rubuta ta, sannan aka zaɓi waɗanda za ta rufa wa asiri.

Akwai kuma abin da mu muke tsallakewa, kuma bai kamata ba. A bakin mutane Bellama shi ne maci amana, a nan ake tsayawa. Amma wa ya mayar da shi bawa, wa ya dandaƙe shi, don hidimar gidan wa? Damagaram ta ƙarni na 19 ta yi arziki da samame da sayar da mutane zuwa arewa, kuma hukuncin fada a zamanin ƙarfinta ba mai sauƙi ba ne. Mutumin da aka raba da danginsa aka hana shi zuriya ba shi da wani alƙali da zai kai wa kuka a tsohon tsari. Da sabon mai ƙarfi ya zo, ya sami kunnen da zai saurare shi. Wannan ba ya mayar da shaidarsa karɓaɓɓiya, kuma ba ya wanke abin da ya biyo baya. Yana nuna cewa zaluncin da ba a yi wa hisabi ba a cikin gida shi ne ya ba na waje makami. Nazarin da zai tuhumi bariki ya yi shiru a kan fada bai cika ba.

Hukuncin da ya wuce waɗanda aka tuhuma

Ko da an tabbatar da komai a kan mutanen da aka kama, abin da aka yanke ya zarce su. An rarraba ƙasar, an mayar da masu riƙon yankuna suna amsawa kai tsaye ga kwamanda, an bar gadon sarauta babu kowa shekara goma sha bakwai. Wannan shi ne ribar da bariki ya samu, kuma riba ce da ake so ko da tuhuma ko babu: mulki ba tare da shamaki ba. Lokacin da mai bincike ke da abin samu a sakamakon bincikensa, ba sai ya yi ƙarya da gangan ba, ya isa ya daina tambaya a inda amsa ta yi masa daɗi.

A 1911 Zinder ta zama hedikwatar yankin soja na Nijar, ta riƙe har 1926 da aka mayar Yamai. A tsakani, a 1923, aka dawo da sarauta aka naɗa Barma Mustafa. An yi haka ne don mulki ya ga yana bukatar sarki, ba don an sake duba fayil an ce an yi kuskure ba. Dreyfus ya sami kotun da ta soke hukuncinsa, aka mayar masa da kakinsa. Matakin mulki kuwa ba shi da ƙofar sokewa, tun da a idon doka ba a taɓa cewa an same ka da laifi ba, balle a ce an wanke ka.

An soke andijena a 1946, aka kuma soke kotunan laifuka na 'yan ƙasa a wannan shekara. Dabarar tsare mutum da sunan tsaron ƙasa ba tare da alƙali ba ita ce ba ta tafi ba. Gwamnatin Diori Hamani ta haramta jam'iyyar Sawaba a 1959, jam'iyyar da ke da magoya baya masu yawa a Zinder, kuma an tsare mutanenta da dama a wurare masu nisa, musamman bayan hare-haren 1964. Da sojoji suka kifar da Diori a watan Afrilun 1974, nan Zinder aka kawo shi, ya shekara shida a tsare a bariki, sannan aka ci gaba da yi masa ɗaurin talala a Yamai, ba a taɓa gurfanar da shi ba. Taron ƙasa na 1991, wanda André Salifou ya shugabanta daga 29 ga Yuli zuwa 3 ga Nuwamba, ya kafa kwamitin binciken laifuka da cin zarafi don a karya wannan al'ada. Shekara takwas bayan haka, tsarin mulkin 1999 ya yi afuwa ga waɗanda suka yi juyin mulkin 1996 da na 1999, wanda a cikinsa aka kashe shugaba Ba'are.

A 2025, da mai bincike na musamman na Majalisar Ɗinkin Duniya ya tuntuɓi Faransa a kan koken al'ummomin da rundunar Voulet ta bi ta kansu, amsar ita ce a shirye take ta tattauna da hukumomin Nijar, amma dokar ƙasa da ƙasa ba ta komawa baya ta hukunta abin da ya riga ta. Lamarin 1906 yana da amfani a wannan muhawara domin ba ya bukatar dokar yau. Ana iya auna shi da kundin Faransa na 1808, da dokar 1897, da hukuncin kotun ƙolinta na watan Yulin wannan shekarar, da kuma fiƙihun da aka tarar a garin.

Aikin da ya rage na masu bincike ne, kuma mai yiwuwa ne. Takardun mulkin Afirka ta Yamma ta Faransa suna Dakar, na ma'aikatar mulkin mallaka suna Aix-en-Provence, na sarkal-sarkal suna gidan adana takardun ƙasa a Yamai, kuma a Birni da Zango akwai gidajen da ke riƙe da nasu labarin. Ɗalibin tarihi na jami'ar Zinder da ɗalibin shari'a da malamin zaure mai karanta rubutun Larabci na wancan zamani za su iya zama a kan fayil ɗaya su bi shi kamar yadda kotun ɗaukaka ƙara za ta bi. Su jera kowace shaida da ranar da aka ɗauke ta, su duba ko mai ita yana tsare a ranar. Su ware abin da shaida ya gani da abin da ya ji an ce. Duk wasiƙar da aka kafa hujja da ita, su ajiye asalin Larabcinta kusa da fassarar da aka aika Dakar, su nemo sunan wanda ya fassara. Sannan su bi sawun dukiya: gidajen waɗanda aka kora, da kayan Malam Yaro da ke kan hanya, da basussukan da yake bin mutane, a hannun wa suka ƙare.